Fuskar takarda irin ta Yolande Moreau: inda aiki ya tsaya a mako na huɗu

'Yan uwa masu koyo, barkanmu da aiki. Fuskokin takarda shida, irin waɗanda ɗan wasa ke rufe fuskarsa da su a dandamali, aka ɗora a kan yumɓu tun farkon wata. Huɗu sun fito lafiya, ɗaya ta karkace wajen bushewa, ɗaya kuma sai da aka tsaga mata hanci kafin ta rabu da yumɓun. Ga yadda aka bi da kuma inda aka yi tuntuɓe, don wanda zai fara tasa a wannan makon ya tsallake ramin da aka riga aka gani.

Waɗanda suka shigo daga baya suna tambayar dalilin da ya sa aka zaɓi wannan mata. An haifi Yolande Moreau a Burasels, babban birnin Beljiyam, ranar 27 ga Fabrairu 1953. A 1982 ta rubuta wasan da take yi ita kaɗai a dandamali, mai suna Sale affaire, wato mummunan al'amari. Mace ce ke fitowa fuskarta a rufe, hannayenta jajur kamar an tsoma su cikin jini, ta gama aikata kisa, amma abin da ke cin ranta shi ne kaɗaici, har takan jawo namiji ɗaya daga cikin 'yan kallo ta riƙa kiransa ɗan tsako. Ta yi shekaru tana yawo da wannan wasa gari-gari. Mai ba da umarnin fim Agnès Varda ta sa ta a fim ɗin Sans toit ni loi a 1985, a 1989 kuma ta shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Jérôme Deschamps da Macha Makeïeff a Faransa, inda jama'a suka san ta sosai ta shirin barkwancin talabijin na Les Deschiens. Wanda ke son ganin fuskar da idonsa ya nemi fim ɗin Quand la mer monte na 2004, wanda ta ba da umarni tare da Gilles Porte. A ciki ta fito a matsayin Irène, 'yar wasa mai zagaya ƙananan garuruwan arewacin Faransa da wannan wasan nata, kuma an ɗauki sassan wasan a dandamali. Fim ɗin ya kawo mata kyautar César, babbar kyautar fina-finan Faransa, ta gwarzuwar 'yar wasa a 2005, lokacin ta haura shekara 50, ya kuma ci kyautar fim na farko mafi kyau.

Abin da muke nema a wurinta ɗaya ne. Da zarar an rufe fuska, gira da kumatu sun daina aiki, magana ta koma ga wuya, kafaɗa, baya da hannu. Saboda haka duk hukuncin da za a yanke wa fuskar nan, daga tsawon hanci har zuwa fenti, daga nesa ake yanke shi, tana kan mutum yana motsi. A hannu ko a kan tebur kowace fuska kyakkyawa ce.

Rabin fuska muke yi, daga goshi zuwa saman leɓe, domin mai ita zai yi magana. Awon fuska da takardar alminiyom ake ɗauka, irin ta naɗe abinci. A ninka ta uku, a manna wa mutum a fuska, a danna da yatsa a kwarmin ido, karan hanci da ƙasan kumatu, a ɗaga a hankali, a cusa dunƙulen jarida a bayanta don kada ta lotse. Kada kowa ya kwaɓa farin garin filasta na silin ya zuba wa ɗan uwansa a fuska. Yana ɗaukar zafi lokacin da yake daskarewa, yana kama gashin gira, kuma yana iya toshe hanci. Kafin a cire awon a sa alama a tsakiyar kowane ido. Tsakanin ƙwayar ido da ƙwayar ido a babban mutum wajen santimita 6 ne da 'yan kai, amma kowa da nasa, a auna da rula a rubuta.

A kan wannan awo ake shimfiɗa yumɓu mai kaurin santimita 1, sannan a gina kamanni. Kilo 2 na yumɓun maginan tukwane ya ishi fuska ɗaya har da saura. Nan ne kuskuren farko yake: duk abin da aka sassaƙa a yumɓu, takarda za ta cinye kusan rabinsa. Layin goshi da ya fito tsaf a yumɓu, bayan shimfiɗa bakwai sai ka neme shi ka rasa. Don haka a zurfafa kowane kwari, a ɗaga kowane tudu fiye da yadda ido ke so, har mutum ya ji kamar ya yi yawa. Kuma kada a daidaita ɓangarorin biyu kamar an buga a inji. Gira ɗaya ta ɗan fi ɗaya tashi, da milimita 3 ko 4. Wannan ɗan bambanci ne ke sa fuskar ta yi kamar tana tambaya idan aka karkata kai hagu, ta yi kamar ta ji haushi idan aka karkata dama. Wadda aka daidaita sarai mutacciya ce, ko wane gwani ya sa ta.

Hanci ya ba da wahala. Fuskar da aka tsaga, an lanƙwaso mata hanci ƙasa kamar bakin shaho, ƙarshensa ya shige ciki, takarda ta bushe ta rungume yumɓun ta ƙi saki. Hanya biyu ce. Ko a bar ƙasan hancin a buɗe tun daga yumɓu, ko kuma a haƙura da yumɓun, a kwashe shi da cokali ta baya tun yana da ɗanshi. Idan ya riga ya bushe, sai reza: a tsaga ta tsakiyar karan hanci, a cire, a haɗa da ƙananan takardu shimfiɗa uku ciki da waje. Ɗinkin ba ya nunawa bayan fenti idan an goge shi da kyau.

Kafin takarda, a shafe yumɓun da man basilin, siriri, ko a lulluɓe shi da ledar naɗe abinci. Basilin ya fi bin lungu. Idan ya yi yawa kuwa, shimfiɗar farko za ta riƙa zamewa, kuma cikin fuskar ba zai karɓi banish ba.

Takarda iri biyu ake so: jarida da takardar buhu mai ruwan ƙasa, irin ta buhun siminti ko ta fulawa. Idan ta siminti ce a ɗauki fallen tsakiya, a kakkaɓe, a wanke, don ƙurar siminti tana cin fata. A jiƙa ta minti 10, a murtsuke a hannu har ta yi laushi kamar tsumma, a matse. Yagawa ake yi, ba a yanka da almakashi, domin bakin da aka yaga yana narkewa cikin na kusa da shi, wanda aka yanka kuwa yana barin layi. Girman kowane yanki kamar santimita 2 da 3 a goshi da kumatu, a hanci da gefen ido kuma kamar farcen babban yatsa. Gam ɗin kafinta fari, awo 2, ruwa awo 1. Shimfiɗar farko da ruwa zalla ake manna ta, ba gam, don ta rabu da yumɓu cikin sauƙi. Daga nan a riƙa musanyawa, jarida, buhu, jarida, buhu. Amfanin musanyawar shi ne ido ya ga inda aka tsallake. Shimfiɗa 7 ta isa, a ƙara 2 a gefen da robar ɗaure fuskar a kai za ta ja.

An gwada kokon sitaci a fuska ɗaya saboda arha. Yana kamawa, amma fuskar ba ta da danƙo, tana karyewa maimakon ta lanƙwasa, kuma kyankyaso da ɓera suna son ta. Gumin mai wasa ma yana mayar da ita koko. A bar shi ga gwaji.

Wadda ta karkace, rana ce ta karkatar da ita. An ɗora shimfiɗa bakwai a zama ɗaya aka kai ta tsakar gida, waje ya bushe ya ja, ciki yana jiƙe, kunci ɗaya ya tashi sama. Shimfiɗa uku ake yi a bari ta kwana a inuwa inda iska ke wucewa, washegari a ƙara. Da hunturu kwana ɗaya ya isa tsakanin zama da zama, har ma a ɗan rufe ta da ƙyalle don kada ta yi saurin bushewa. Da damina a ba ta kwana biyu da fanka, in ba haka ba sai a tarar da baƙin fumfuna a ciki. Gane bushewa ba wuya: a taɓa da bayan hannu, idan da sanyi, da sauran ruwa.

Yanke ido shi ne wurin da hannu ke rawa. A fara da ƙaramin rami a kan alamar da aka sa, a ɗora wa mai ita, a faɗaɗa kaɗan-kaɗan, ƙasa ake fi buɗewa don ya ga inda yake taka ƙafa. Ramin da ya yi ƙanƙanta yana ɓoye ƙwayar ido, 'yan kallo su ga duhu kawai. Wanda ya yi faɗi kuma yana nuna fatar mutum, sai a ga fuska biyu. Bakin ƙasa ya tsaya daidai inda leɓen sama ya fara. A sa mai ita ya ce "baba, mama, fufu" sau goma da ƙarfi. Idan fuskar tana tsalle, a rage milimita 2 a sake. Duk bakin da aka yanka a naɗe shi da siririyar takarda da gam, in ba haka ba shimfiɗun za su fara buɗewa kamar littafi.

Sauran aikin gajere ne. Samfefa mai laushi, farin fenti na ruwa shafi biyu, a sake gogewa. A ciki a shafa banish shafi biyu saboda gumi, a bar shi kwana uku warin ya fita kafin a kai kusa da idon mutum. Soso mai kaurin santimita 1 a goshi da kan ƙashin kumatu, don gashin ido ya daina shafar takarda. Roba baƙa mai faɗin santimita 2, a huda mata daidai saman kunne. Idan ramin ya yi ƙasa, fuskar za ta riƙa dungurawa gaba.

Fenti kada ya yi ƙyalli, fitilar dandamali za ta mayar da goshin madubi. Launi uku sun isa: na fata, wanda ya fi shi duhu a kwari, wanda ya fi shi haske a tudu. Kada a zana mata murmushi ko hawaye. Duk abin da aka zana ya zauna ke nan, mai wasa ba shi da ikon sauya shi. Jan hannu kuwa, kalar abinci ja da ɗan garin koko na cakulan a cikin ruwan sukari mai kauri tana ba da kamar jini, amma tana kiran ƙuda kuma tana rina fata kwana biyu. Fentin kwalliyar fuska na ruwa ya fi sauƙi. Ko wanne aka sa, hannu ba ya zuwa kusa da fuskar.

Wannan dokar ma ta wasa ce, ba ta tsabta kaɗai ba. A makarantun da ke koyar da wasa da rufaffiyar fuska, irin ta Jacques Lecoq da aka buɗe a Faris a 1956, ana juya wa 'yan kallo baya a sa fuskar, a juyo a matsayin wani mutum, kuma ba a gyara ta a gabansu. Gwajin da aka yi wa huɗun nan ke nan: mai kallo ya tsaya nesa da mita 10, mai fuska ya shigo, ya tsaya, ya ƙirga uku a zuci, ya juya kai ya dubi abu ɗaya, ya dawo da kallo ga jama'a. Kuskuren kowa iri ɗaya ne, duba da ido. Ido ba ya isa mita 10. Da hanci ake duba, kai gaba ɗaya ya juya, ya tsaya cak, sannan jiki ya bi. Na biyu shi ne yawan motsi. Mai koyo yana jin kamar an ɗaure shi, sai ya riƙa kaɗa hannu, fuskar ta rasa abin faɗa. A rage motsin zuwa kashi ɗaya cikin uku. Sunkuyar da kai da faɗin yatsa biyu ya isa ya mayar da ita mai baƙin ciki.

Don ganin inda wannan horo ke kai mutum, a kalli fim ɗin Séraphine na Martin Provost, 2008, wanda ya ci César 7, ciki har da ta biyu ga Moreau a 2009. Labarin Séraphine Louis ne, mai aikatau a garin Senlis na Faransa wadda ke zane da dare, har ɗan Jamus mai tara zane Wilhelm Uhde ya gano ta a 1912. Fuskar Moreau a buɗe take a nan, amma kusan ba ta amfani da ita. A kashe sauti a kalli minti 15 na farko. A dubi yadda take tafiya, nauyi a gaba, kai a ƙasa, kafaɗa ɗaya ta ja saboda kwando. A dubi yadda take durƙusa tana goge daɓe, da yadda hannun nan mai kaushi ke sauyawa idan ya taɓa itace ko ya shiga fenti. A ganinmu aikin mai rufaffiyar fuska ne tsantsa, an dai cire takardar.

Aikin mako mai zuwa daga nan za a ɗauko shi. Kowa ya zaɓi aikin gida ɗaya, wanki, shara ko ɗaukar ruwa, ya yi shi minti 2 sanye da fuska, ba magana, da bokiti na gaske mai ruwa lita 10, domin nauyin ƙarya baya ne ke fara tona shi. A zo da tawul ƙarami. Bayan kowane gwaji a goge cikin fuskar, a kifa ta a kan dunƙulen jarida ta sha iska, kada a rataye ta da robarta, kuma kada a jefa ta cikin leda tana da gumi.