Rijiyoyin Benis da kanibon Yamai

Shekara tara na yi ina aikin magudanan ruwa a Yamai ban san cewa ban iya shiga unguwa ba. Auna gangare na iya. Lissafin ruwan da kanibo, wato magudanar bakin titi, zai ɗauka idan sama ta kwana tana zuba, shi ma na iya, taswira kuwa in na zana ta a kwamfuta har maigidana yabawa yake yi. Shiga unguwa dai sai da wata 'yar Italiya da ba ta taɓa ganin kogin Isa ba ta nuna mini, a garinsu, cikin awa huɗu, da ƙafa.

A watan Oktoba na 2022 aka tura mu wani horo na mako uku a Padoba, ni da Alhaji, wanda ya girme ni a aiki da shekara goma sha. Daga can zuwa Benis kamar rabin awa ne a jirgin ƙasa. Ranar Asabar sauran abokan horon suka shirya bin ayari, irin wanda mutum ɗaya ke gaba ya ɗaga lema, jama'a na biye da shi kamar awaki za su kiwo. Alhaji ya ce gwiwarsa ba za ta iya wannan tseren ba, mu nemi jagora namu mu biyu. Da na juya kuɗin zuwa sefa sai da na yi shiru. Na ce, "Alhaji, wannan ai buhunan shinkafa ne." Ya ce, "Ƙanena, shinkafa tana nan kasuwar Katako tana jiranka. Garin nan yaushe za ka sake ganinsa?"

Jagorar ta tarbe mu a bakin tashar Santa Luciya, mace mai shekaru kamar hamsin, da takalmin tafiya da Faransanci mai daɗin ji. Na zaci za ta fara zuba tarihi. Sai ta tambaye mu aikin da muke yi. Muka ce magudanan ruwa. Ta tambayi ina ne Yamai, wata nawa ake ruwa, da me ake gini, gwiwar Alhaji matakala nawa za ta jure, ƙarfe nawa muke son tsayawa salla. Minti goma muna tsaye, ni ina ƙirga kuɗina suna tafiya a banza. Sannan ta ninke takardar da ta zo da ita ta sa a jaka, ta ce ba da dandalin San Marko za mu fara ba.

Ta bi da mu ta lungunan Kannarejo, ɗaya daga cikin shiyyoyi shida na garin, har wani fili da ke tsakanin gidaje. A tsakiyarsa akwai bakin rijiya na farin dutse, an rufe shi da murfin ƙarfe. Ba ta yi bayani ba. Ta ce tunda mu ne masu sana'ar, mu dubi ƙasa mu gaya mata inda ruwan sama ke bi. Alhaji ne ya fara lura. Daɓen filin ba a miƙe yake ba, an karkata shi kaɗan kaɗan zuwa wasu duwatsu masu huda da ke kewaye da rijiyar. Ya durƙusa da gwiwar nan tasa mai ciwo yana shafa hudar.

Sai a nan ta buɗe baki. Benis gari ne da ke zaune a kan tsibirai 118 cikin ruwan gishiri, in ka haƙa ƙasa ruwan ɗanɗanon kanwa za ka tarar. Saboda haka abin da muke kallo ba rijiya ba ce irin tamu, randa ce ƙatuwa da aka binne. Ana haƙe filin kamar zurfin mita biyar, a shafe ramin da yumɓu don kada ruwan gishiri ya kutso, a cika shi da yashin kogi, a gina bututun bulo a tsakiya. Ruwan sama ya sauko daga rufin gidaje, ya bi gangaren daɓe, ya shiga hudar, yashi ya tace shi, ya taru a gindin bututun. Irin waɗannan sun kai dubu shida a ƙarni na 19. Na jama'a kulle su ake yi, mabuɗi na hannun mai unguwa, a buɗe sau biyu a rana da ƙarar ƙararrawa. In an yi fari, jiragen ruwa su ɗauko daga kogin Brenta, mata kuma su zaga gida gida da bokiti biyu a sanda bisa kafaɗa. Alhaji ya yi dariya ya ce ashe su ma sun yi 'yan ga-ruwa. Sai a 1884 famfo ya iso garin, daga nan aka fara rufe rijiyoyin.

Kusan awa ɗaya muka yi a wannan fili guda. Ayari biyu suka wuce mu, ba wanda ya dubi ƙasa. Ni kuwa abin da ke raina shi ne, mu a Yamai ruwan sama abokin gaba muka ɗauke shi, duk lissafina na yadda zan kore shi zuwa kwarin Gunti Yena ko kogi ne da gaggawa, sannan watan Afrilu ya zo mutane su kwana a bakin famfo da jarka.

Labarin itatuwan da aka kafa cikin laka aka ɗora gari a kai, waɗanda ba sa ruɓewa don iska ba ta kai gare su, ta faɗe shi muna tafe, a taƙaice, don ta san kowa ya ji shi. Inda ta sake tsayar da mu bango ne. Ta nuna mana layin farin dutse da magina ke sawa a ƙasan gini don ya tare damshi, da bulon da ke samansa yana zubewa kamar gari saboda ruwa ya haura dutsen ya bar gishiri a ciki. Ta nuna mana ƙarafan da ake zurawa a bakin ƙofa in ruwa ya taso. Ranar 4 ga Nuwamba 1966 ruwa ya kai santimita 194 bisa ma'auninsu, ranar 12 ga Nuwamba 2019 ya kai 187. Ta ɗora hannu a ƙugunta ta ce a shagon 'yar uwarta nan ya tsaya.

Na ce mu ma muna da namu lambobin: a Satumban 2020 kogi ya kai santimita 700 a ma'aunin Yamai, alhali 620 ne jan layi, ya fasa madatsa ya shiga Lamorde da wasu unguwannin Harobanda. Sai ta juya tambaya kaina. Na yi mata bayanin cewa cikar kogi biyu muke da ita. Akwai jan ruwa na damina, wanda kogunan Sirba da Dargol da Goruwal ke kwararowa da shi a Agusta da Satumba, akwai kuma wanda ke tasowa tun daga Gini, ba ya iso mu sai cikin sanyi. Ta ciro biro ta rubuta. Mu muka biya ta, amma ba ta ji kunyar koyo a hannunmu ba. Ni da nake zuwa unguwa da hular kwano da taswira, ban tuna ranar da na rubuta maganar wani mazauni ba.

Game da Mose, wato ƙofofin ƙarfe 78 da ke kwance a mashigai uku na teku, ana tayar da su in ruwa zai yi yawa, ba ta zaƙe ba. An fara aikin a 2003, ya ci sama da yuro biliyan biyar, an yi shari'ar cin hanci a kansa, kuma sai ranar 3 ga Oktoba 2020 ya fara tare ruwa da gaske. Sunan yana tuna wa mutanen garin da Annabi Musa. Ta ce yana aiki, ba ta musa ba. Amma ta kai mu bakin wata 'yar mashigar ruwa mai ɗan wari ta ce abin da ya riƙe garin ɗaruruwan shekaru yasa ce, wato kwashe laka. A toshe mashiga ta gaba da baya, a tsotse ruwan, a kwashe laka, a gyara gindin bango. Tun 1501 suna da hukuma ta musamman kan ruwa, har karkatar da koguna suka yi don kada yashi ya cike musu tafkin da garin ke zaune a cikinsa. Da aka yi sakaci da yasa shekaru masu yawa a ƙarnin da ya wuce, gindin gidaje ya fara cinyewa, sai a shekarun 1990 aka koma kanta. Alhaji ya dube ni, na dube shi. Sabon kanibo ana yanka masa kyalle a zo da 'yan jarida. Wanda leda da yashi suka cike, ba mai ɗaukar hoton ranar da aka yashe shi.

Kada in mayar da garin aljanna. Kusa da gadar Riyalto akwai kantin magani da ke da allo mai nuna yawan mazauna tsohon garin, a shekarar ya sauka ƙasa da 50,000, alhali a 1951 sun kusa 175,000. Ita kanta jagorar a Mestire take kwana, can kan tudu, don haya ta fi ƙarfinta. Gari ya tsira daga ruwa, baƙi irinmu suna korar masu shi. San Marko kuwa minti ashirin muka yi a ciki, muka ɗauki hoton da za mu nuna a gida.

Da muka dawo, aikin farko da ya faɗo hannuna wata unguwa ce a Harobanda, inda aka gina kanibo amma ruwa bai fasa shiga gidaje ba. A da, da mota zan zaga, in tsaya wuri uku, in tara mutane ƙofar mai unguwa in yi musu wa'azin zubar da shara. A wannan karon na bar motar a bakin kwalta. Na ce wa mai unguwa, "Ranka ya daɗe, ba taro nake so ba. A haɗa ni da wanda ya fi daɗewa a layin nan." Ya sa yaro ya kai ni gidan wata tsohuwa mai tuyar ƙosai.

Na gaishe ta na ce, "Inna, in an yi ruwa, ta ina yake fara zuwa?" Ta dube ni sama da ƙasa. Ta ce, "Ɗan nan, ku da kuka yi karatu, ni za ka tambaya?" Na ce ita zan tambaya. Ta ɗauki mayafi ta shiga gaba. Ta nuna mini tabon ruwa a bangon maƙwabcinta, layi biyu, ta faɗi daminar kowanne. Ta nuna mini inda wani ƙaramin kwari yake a da, tun suna noma gero a wurin, yanzu gidaje huɗu ne a kansa. Sannan ta tsaya a bakin kanibon ta sa ƙafa a gefensa. Bakinsa ya fi ƙasan layin tudu da kusan taƙi guda. Ruwan layin ba ya iya hawa ya shiga, sai ya bi gefensa ya nufi zauruka. A taswirata komai daidai yake, don a kan titi aka yi awon, ba wanda ya shiga lungu. Ni ne na sa hannu a takardar awon.

Kwana uku na yi a layi biyar. Maigidana ya ce da wannan tafiyar hawainiya sai damina biyu ta wuce ban gama unguwa ɗaya ba, kuma yana da gaskiyarsa, kwangila da ranarta take zuwa. Har yau ba mu daidaita ba. Abin da muka tsayar shi ne, kowane aiki zan ɗauki yini biyu da ƙafa kafin a fito da na'urar awo, shi kuma ya daina tambayata abin da nake yi a gindin kaskon ƙosai.

An fasa bakin kanibon a wuri shida an sa raga. Daminar da ta biyo baya na je bayan wani ruwan dare. Zauren Inna a bushe yake, amma raga biyu sun toshe da leda, ruwa ya kwanta a ƙofar masallaci. Ta aiko jikanta da ƙosai a takarda, da saƙon cewa in zan dawo in zo da shebur.