Mikołajki: Abin da Na Gani a Zuwana na Biyu

Ina cikin shekarata ta biyu ta karatu a birnin Olsztyn, a arewa maso gabashin ƙasar Poland, na fara zuwa Mikołajki, wanda mutanen wurin suke furta sunansa kamar "Mikowaiki". A watan Yuli ne, ni da abokan karatuna biyu muka shiga motar bas da safe, muka bi ta garin Mrągowo, muka sauka wajen hantsi. Mazauna garin ba su kai dubu huɗu ba, amma a ranar ko wurin sa ƙafa babu a bakin ruwa saboda baƙi, ga jiragen ruwa masu tafiya da ƙarfin iska sun yi sahu, fararen ƙyallayensu suna kaɗawa. Muka ci ƙyafaffen kifi, muka ɗauki hotuna a kan gada, muka juya gida da yamma, ni kuwa na koma da zaton cewa na san garin.

Abu guda da ya tsaya mini a rai daga wannan zuwan shi ne mutum-mutumin wani kifi mai kambi a ka, wanda aka ɗaure da sarƙa a ƙarƙashin gada yana lilo a kan ruwa. Suna kiransa Król Sielaw, wato sarkin kifayen sielawa, kuma shi ne a jikin tambarin garin. Tatsuniyarsu ta ce ya daɗe yana yayyaga komar masunta yana kifar musu da kwalekwale, har ranar da suka kama shi. Ya roƙi a bar shi da rai, su kuma suka ji tsoron sakinsa, sai suka ɗaure shi a gindin gada. A wajenmu Sarkin Ruwa mutum ne da masunta suke bi, a nan kuwa kifi aka naɗa sarki, aka kuma sa masa mari, abin da ya nuna mini irin tsoron da mutanen da suka rayu da wannan ruwa suke yi masa.

Tsoron nan yana da dalili. Garin yana zaune ne a mashigin da ya haɗa tafkin Tałty da tafkin Mikołajskie, kuma daga nan ake fita zuwa Śniardwy, tafki mafi girma a Poland, mai faɗin fiye da murabba'in kilomita 110, wanda ba shi da zurfi sosai, shi ya sa iska kaɗan take tayar masa da igiya. Ranar 21 ga Agustan 2007 wata guguwa ta auka wa tafkunan Mazury, yankin da garin yake ciki, ba zato ba tsammani, ta halaka mutum 12, kuma bayanta ne aka kakkafa dogayen turaku masu fitilar gargaɗi a gaɓar tafkunan. Matuƙin jirgin da ya zagaya da mu ya nuna mini ɗaya, ya ce idan walƙiyarta ta yi sauri, duk mai hankali gaɓa yake nufa ba tare da gardama ba. Tun daga ranar ban sake shiga jirgi a can ba sai na duba sama, na kuma sa rigar ceto.

A ƙarshen Oktoba na sake komawa, ni kaɗai, na kwana uku a ɗakin haya na wata dattijuwa. An janye yawancin jiragen, rumfunan abinci a rufe, hazo ya kwanta a kan ruwa har wajen ƙarfe goma na safe. Rashin hayaniyar ne ya ba ni damar shiga majami'ar Kiristoci mabiya ɗariƙar Luther da aka gina tsakanin 1840 da 1842, da kuma ɗan gidan tarihin da ke kusa da ita, inda aka adana tsofaffin littattafan addu'a da na waƙoƙin ibada. Na daɗe a tsaye gaban wani littafi guda: harshen Polanci ne a ciki, amma an buga shi da baƙaƙen Jamusawa na da, masu ƙahonni da lanƙwasa. A wannan shafi ɗaya na ga tarihin garin gaba ɗaya.

An fara ambaton wurin a rubuce a 1444, zamanin mulkin Teuton, wata ƙungiyar mayaƙan Kirista ta Jamusawa, sunansa kuma daga waliyyi Nikolas ya samo asali. Sarkin Prussia ya ba shi matsayin gari a 1726, kuma har zuwa 1945 Nikolaiken ne sunansa a hukumance, a cikin lardin Prussia ta Gabas ta ƙasar Jamus. Mutanensa a wancan lokaci su ne Mazurawa, waɗanda suke magana da wani karin harshen Polanci a gida, suke bin ɗariƙar Luther saɓanin yawancin 'yan Poland da suke Katolika, suke kuma biyayya ga sarkin Prussia. Da aka yi ƙuri'ar raba gardama ranar 11 ga Yulin 1920 kan ko yankin ya zauna a Jamus ko ya koma Poland, kusan dukkansu Jamus suka zaɓa. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu yankin ya koma hannun Poland, wasu suka gudu, waɗanda suka rage kuma suka zama jemage, ba su ga tsuntsu ba su ga dabba, domin sababbin maƙwabta suna kallonsu a matsayin Jamusawa. Daga shekarun 1950 zuwa na 1970 suka yi ta ƙaura zuwa Jamus, har ba a bar kowa ba sai 'yan tsiraru.

Mai masaukina, wadda nake kira Pani, wato uwargida, kamar yadda ladabin ƙasar ya tanada, ta gaya mini cewa iyayenta daga wajen Vilnius, babban birnin Lithuania a yau, suka zo bayan yaƙi, su ma an raba su da gonarsu, aka ba su gidan da suka tarar da tukwanen wasu a kan murhu. Wannan magana ta gyara mini wani kuskure, domin na fito daga gidan tarihin ina neman wanda zan ɗora wa laifi, sai ga shi wanda ya gaji gidan shi ma korarre ne. Na fahimci cewa irin wannan labari ba a tambayarsa a ranar farko. Sai da muka sha shayi dare biyu kafin ita da kanta ta ɗauko shi.

A rana ta uku ta ara mini keke na nufi tafkin Łuknajno, 'yan kilomitoci gabas da gari, inda ake kare wasu manyan fararen tsuntsayen ruwa masu dogon wuya, dangin dinya, wurin da hukumar UNESCO ta sa cikin wuraren da ake kiyayewa tun shekarun 1970. Kafin in tafi ta kwatanta mini wata tsohuwar maƙabartar Mazurawa a cikin daji, ta ba ni kyandir biyu cikin gilashi in ajiye, domin ranar 1 ga Nuwamba ta kusa, ranar da 'yan Poland suke ziyarar kaburbura. Na same ta a tsakanin itatuwa, gansakuka ta rufe duwatsun, rubutun da Jamusanci, sunayen kuwa na Polanci. Na tarar wani ya riga ni zuwa, ya share ganyen da ya zuba a kan kabari uku, ya bar tsintsiyarsa a jingine da shinge.