Ranar allurar sati shida

Talata, bayan sallar Isha'i

Shekaranjiya na yi arba'in, yau Ummi ta cika sati shida cif. Ni dai na so a bari sai na koma ɗakina a Yalwa, amma Inna ta ce atafau. Tun ƙarfe bakwai ta yafa mayafi ta sa aka tsayar mana da Keke Napep.

Asibitin unguwa ya cika maƙil, mata a jere kan benci, kowa da katinta a hannu. Da layi ya zo kanmu aka ɗora yarinyar a sikeli, aka ɗiga mata na shan inna a baki, sai allura a cinya. Ta yi ɗif kamar ba ita ba, can ta tsala ihu. Sista ta ce, "Maman Ummi, wannan ita ce Penta, cuta biyar take tarewa, har da mashaƙo da ciwon hanta da tarin shiƙa. Sau uku ake yi: sati 6, sati 10, sati 14. Guda ɗaya ba ta isa ba." Ko sisi ba mu biya ba.

Jin tarin shiƙa ne ya kwance bakin Inna. A keke ta ba ni labarin ƙanenta da ya yi shi suna yara a Azare. Ta ce yakan yi ta tari ba tsayawa har idonsa ya yi jawur, ya ja numfashi da wata irin ƙara, sai amai. Wata biyu ana fama, an ba shi jiƙe-jiƙe har an gaji. Manya kan ɗauko tarin su shafa wa jariri ba su sani ba, shi kuwa jariri wani lokaci ko tarin ba ya yi, numfashin ne kawai ke ɗaukewa. Sai a lokacin na gane abin da ya hana ta saurara min. Mashaƙon da ya ɓarke a 2023 ma bai bar ƙasar Katagum ba, ta je ta'aziyya ba ɗaya ba.

Da la'asar jikin Ummi ya yi ɗumi, cinyar ta ɗan tasa. Dama an faɗa mana. Na ba ta nono, na ɗora mata tsumma mai sanyi. Goggo ta leƙo tana cewa, "Kun kai lafiyayyiya kun dawo da majinyaciya." Inna ko kallonta ba ta yi ba.

Baban Ummi ya kira, na karanta masa ranar komawa da aka rubuta a katin. Ya ce ranar yana Gombe, sai dai ƙanwarsa ta raka ni.