Bishiyar Lassa ta tsaya, bayan juyayyun jeri sun ba ni wuya

Jama'a, bishiyar ta fito, wato zanen da ke nuna dangantakar samfuran ƙwayar cutar Lassa bisa jerin haruffan ƙwayoyin halittarsu. Jiya da daddare IQ-TREE, shirin da ke gina bishiyar, ya kammala, na buɗe fayil ɗin a FigTree mai zana ta a allo, na kafa saiwa a kan Mopeia, wata ƙwayar cuta 'yar uwar Lassa, sai ga dangogin ƙwayar cutar Lassa sun rabu tsaf: na kudancin Najeriya a gefe guda, na Bauchi da Filato a nasu reshen, na Saliyo da Gini da Laberiya can tare da Josiah, samfurin Saliyo da ake ɗauka a matsayin ma'auni. Wallahi na daɗe ina kallon allon ina murmushi ni kaɗai. Wanda ya ga hoton bishiyar farko da na tura kwanakin baya ya san daga inda aka taso.

Ga wanda bai gani ba: jerin ƙwayar ɓangare biyu ne, S da L. Ɓangaren S kawai na ɗauko daga rumbun bayanai na NCBI Virus, mai haruffa kusan 3,400, na bar L mai sama da 7,000 sai gaba. Na cire masu maimaici da seqkit rmdup, na ba MAFFT, shirin da ke jeranta su harafi ƙarƙashin harafi, da --auto, na miƙa wa IQ-TREE da -m MFP da -B 1000. Abin da kowa ke yi ke nan.

Bishiyar farko ta fito da manyan rukunai biyu, tsakaninsu wani dogon reshe da ya cinye faɗin allon, har sauran rassan suka zama kamar ƙura a ƙarshensa. Makin goyon bayan wannan reshe, wato yadda lissafi ya amince da shi, 100 cif. Abin da ya hana ni barci shi ne kowane rukuni akwai Najeriya a ciki, akwai Saliyo a ciki. Jeri biyu daga jiha ɗaya, shekara ɗaya, ɗaya a sama ɗaya a ƙasa. Wani ɗan uwa ya ce ko sabon dangi na gano. Ina! Ƙwayar da ake karanta jerinta shekara da shekaru, ni da tsohuwar laftof ne zan gano rabinta ya ɓalle?

Amsar tana cikin jerantawar kanta. Da na buɗe ta a AliView, shirin da ke nuna kowane harafi da launinsa, na matse hoton har dukkan jerin suka shiga allo ɗaya, sai na ga launuka iri biyu. Na sama sun yi layi-layi a tsaye, kore ƙarƙashin kore, ja ƙarƙashin ja. Na ƙasa ma sun yi layi a tsakaninsu, amma ba su da wata alaƙa da na sama, kuma MAFFT ya yayyafa giɓi ko'ina, harafi uku a nan, giɓi, harafi biyar, giɓi, don dai ya tilasta su zama tare. Tsawon jerantawar ya wuce na ainihin ɓangaren S da nisa. Wani kaso na jerin an ajiye su a rumbun GenBank ne a juye, wato a karance daga ɗaya igiyar, kishiyar wadda sauran suka bi.

Wannan ba sakacin masu ajiyewa ba ne, halin ƙwayar ne. Ɓangaren S yana ɗauke da bayanin furotin biyu, GPC da NP, da ke fuskantar juna: GPC ana karanta shi daga wannan ƙarshen, NP daga wancan ƙarshen a kan kishiyar igiya, a tsakiya kuma akwai ɗan yankin da ke naɗewa ya tsayar da karatun. Saboda haka babu igiyar da za a ce ita ce ta gaba. Wani ɗakin bincike ya fara da GPC, wani ya fara da NP, kowa da hujjarsa. MAFFT kuwa, in ba ka ce masa komai ba, ɗauka yake duk jerin fuska ɗaya suke kallo.

Ga inda abin ya fi ba ni haushi. Tun kafin na jeranta na leƙa farkon fayil ɗin da head, na ga jeri bayan jeri suna farawa da CGCAC, kaɗan gaba kuma GGATCCTAGGC, hankalina ya kwanta. Ashe a wannan dangin ƙwayoyin, haruffa 19 na ƙarshen nan da 19 na ƙarshen can suna dacewa da juna, don su ne ke haɗuwa su riƙe ɓangaren. Ma'ana in ka juya jerin gaba ɗaya ka musanya haruffansa, zai sake farawa da kusan waɗancan haruffan. Duba farkon layi ba ya gaya maka komai. Sai ka wuce can ciki ka fassara zuwa haruffan furotin: in ka ga ya fara da MGQI, GPC ne a gaba, in ka ga MSASKE, NP ne.

Maganin a baki mai sauƙi ne, --adjustdirection. Yana ɗaukar jerin farko a matsayin ma'auni ya juya duk wanda ya saɓa masa, don haka na sa wanda na tabbatar da fuskarsa a saman fayil. Jerantawar ta dawo tsawon da ya kamata, launuka suka hau layi. Amma bayan abin da na gani ban yarda in karɓa ido rufe ba, musamman ga gajerun jeri, tunda wannan zaɓin ƙidayar gutsattsarin haruffa shida-shida yake yi, ba cikakken kwatanci ba. Sai na ce bari in tabbatar da BLAST, shirin kwatanta jeri da jeri: in kwatanta kowane jeri da Josiah, NC_004296, in nemi sstrand a -outfmt 6, in ga waɗanda ya ce plus, wato fuska ɗaya da Josiah, da waɗanda ya ce minus, wato juyayyu.

Nan wata sabuwa ta ɓullo. Na Saliyo duk suka fito da amsa, amma gajerun jerin Najeriya da dama babu su a sakamakon kwata-kwata. Babu plus, babu minus, babu saƙon kuskure. Har na fara zargin ko wasu ƙwayoyin ne daban aka yi musu laƙabin Lassa. Na kwafi ɗaya na fassara da hannu, ga MGQI ƙarara.

Dalilin shi ne umarnin blastn, in ba ka faɗi -task ba, megablast yake gudanarwa, shi kuma ba ya fara kwatanci sai ya sami haruffa 28 a jere da suka yi daidai ɗari bisa ɗari. Dangogin Lassa sun yi nisa da juna sosai. A ɓangaren S bambancin kan kai kusan kashi 25 cikin 100. Mu ɗauka haruffa 8 cikin 10 ne suka dace. Yiwuwar 28 su dace a jere ita ce 0.8 a ninka da kanta sau 28, wajen 0.002. A guntun jeri mai haruffa 300, abin da kake sa ran samu bai kai wuri ɗaya ba. Da -task blastn ana neman 11 ne kawai, yiwuwar ta koma wajen 0.086, wurare sama da ashirin a wannan guntun. Lissafin ya ɗauka bambancin a warwatse yake daidai-wa-daida, alhali mafi yawansa a harafi na uku na kodon, wato rukunin haruffa uku da ke ba da amino asid ɗaya, yake taruwa, amma ya isa ya nuna dalilin shirun. Da na sauya, kowa ya fito da amsa, kuma amsar ta yi daidai da hukuncin MAFFT in ban da 'yan gajeru ƙalilan. Waɗannan na juya su da kaina da seqkit seq -r -p. Akwai --adjustdirectionaccurately ga mai haƙurin jira, amma ni tunda BLAST ya ba ni jerin sunayen, ban bi ta kansa ba.

Ku kula da wannan kuma: duk jerin da MAFFT ya juya yana manna masa _R_ a gaban suna. Da na zo haɗa bishiya da teburin ƙasar kowane samfuri da shekararsa a ggtree, wani shirin zana bishiya, duk juyayyun suka fito babu launi don sunan bai dace ba. Layi ɗaya na sed, umarnin gyaran rubutu, ya share shi, amma sai da na ɓata yamma guda ina zargin teburin.

Bishiya ta biyu ta yi kyau nesa ba kusa ba, sai dai wasu jeri sun rataye a wuraren da ba su da ma'ana, makinsu ƙasa ƙwarai. IQ-TREE ma ya yi gargaɗi tun farko cewa wasu jerin fiye da rabinsu giɓi ne. Guntaye ne na PCR, gwajin da ke kwafo ɗan yanki kawai: wannan yana da ɗan yankin GPC kawai, wancan ɗan yankin NP kawai, babu layin tsaye ko ɗaya da suka haɗu a kai. Babu abin da za a auna nisansu da shi kai tsaye, sai shirin ya ajiye su duk inda lissafi ya faɗa. Na yanka jerantawar gida biyu, GPC daban, NP daban, na zubar da yankin tsakiya da ƙarshen biyu, tunda yankin tsakiyar ba ya jerantuwa da kyau tsakanin dangogi ko me ka yi masa. Na juya NP ya kalli gaba, na duba fassarar kowanne a AliView: a Josiah GPC amino asid 491 ne, NP 569, kuma duk jerin da alamar tsayawa ta faɗo masa a tsakiya na ware shi gefe. Wanda bai cika kashi 80 cikin 100 na tsawon ba na cire. Na san an yi asarar wasu tsofaffin samfura masu daraja. Niyyata in dawo da su daga baya da --addfragments da --keeplength, in kashin bayan bishiyar ya zauna.

Maganar kuɗi. Batirin laftof ɗina ya mutu murus, ana ɗauke wuta take mutuwa, ModelFinder kuma, sashen IQ-TREE mai zaɓen tsarin lissafi, ba ya sauri. Naira 25,000 na ba da na sabon batiri, kuma har yanzu in na tuna sai raina ya sosu, don bayan na saya ne na lura da fayil ɗin .ckp.gz da IQ-TREE ke ajiyewa. In wuta ta katse ka, sake buga umarnin yadda yake, zai ci gaba daga inda ya tsaya. In kuma ka gyara jerantawar ka bar sunan fayil ɗin, sa --redo, kar ya ɗora sabon aiki a kan tsohon. Data kuwa conda, wadda ake sauke shirye-shiryen da ita, ce ta cinye, ba jerin ba. Fayil ɗin jerin gaba ɗaya bai kai bidiyo ɗaya na WhatsApp ba.

Abin da ya fi burge ni a bishiyar ƙarshe shi ne dangi na III, wanda samfuran Bauchi da Filato suke ciki, ya fi kusa da dangi na IV na Saliyo da Gini da Laberiya fiye da dangi na II na su Edo da Ondo da Ebonyi. Na sha karanta haka, amma ganinsa ya fito daga injina daban ne. Najeriya ce ke riƙe da rassan da suka fi zurfi, abin da ya sa masu bincike suke ganin daga nan ƙwayar ta bazu yamma. Dangi na I kuwa, samfurin Pinneo na 1969, daga ɓarkewar da ta fara a garin Lassa na jihar Borno ta yanzu, yana zaune kusa da saiwa a kan dogon reshe shi kaɗai.

Shi ne ma ragowar damuwata. A bishiyar NP ya zauna wuri ɗaya, a ta GPC ya ɗan gusa, kuma makin wurin bai kai 95 ba, wanda shi ne mizanin da ake so ga irin bootstrap mai sauri na IQ-TREE, wato gwajin da ke ba da makin, ba 70 da muka saba da shi a na gargajiya ba. Zargina Mopeia ta yi nisa da yawa, harafi na uku ya riga ya sauya sau da yawa har ya daina ɗaukar labari, dogon reshe yana jan dogon reshe. Zan gwada raba jerantawar bisa matsayin kodon, in kuma gwada da furotin zalla, in ƙara Mobala, wata 'yar uwar Lassa, a waje kusa da Mopeia ko za ta karya tsawon reshen. Wanda ya taɓa rubuta fayil ɗin rabon kodon na -p a IQ-TREE, don Allah ya turo min nasa in kwatanta da nawa, musamman yadda ya rubuta layin harafi na ɗaya da na biyu a haɗe.