Takardar haihuwar Ummi da ruwan 2020 ya ci

A ƙarshen daminar 2020, lokacin da gulbi ya cika ya batse ya shanye gonakin shinkafa a fadamar Argungu da sauran sassan Jihar Kebbi, ruwa ya shiga ɗakin mahaifiyarmu har gwiwa, kuma cikin abin da ya taɓa har da akwatin ƙarfen da take ajiye takardun gida a ƙarƙashin gado. Da ruwa ya janye aka baza takardun a kan tabarma suka sha rana, aka tattara aka mayar da su akwati, kowa ya koma kan asarar shinkafarsa, domin a lokacin ba wanda yake da natsuwar duba ko tawada ta tsaya ko ta tafi. Sai bayan shekara huɗu, da Allah ya yi wa yayana rasuwa, ofishin da ke biyan haƙƙoƙinsa na aiki ya nemi takardar haihuwar kowane ɗa nasa da bai kai shekara 18 ba, ko dai ta asali ko kwafin da hukuma ta buga wa hatimi ta sa hannu, sannan muka sake buɗe akwatin.

Takardun ƙananan yaran biyu sun yi dama-dama, ana iya karanta su. Ta babbar ɗiyarsa, Ummi, ita ce a can ƙasa, ta manne da katinta na rigakafi, kuma da na yi ƙoƙarin raba su sai ta riƙa ɓarewa kamar bawon albasa. Rubutun da injin ya buga yana nan daram, amma duk abin da aka cike da biro ya narke ya koma shuɗin tabo. Da ƙyar na iya karanta shekarar, 2008, da rabin sunan cibiyar da aka yi rajistar. Wurin suna da wurin lambar shigarwa kuwa babu ko alamar harafi.

Kuskurena na farko shi ne zaton cewa wannan aikin gwamnatin jiha ne ko na ƙaramar hukuma, kuma na lura mutane da yawa a nan haka suke zato, saboda a sakatariyar ƙaramar hukuma ko a asibiti suke karɓar takardar. Gaskiyar magana ita ce rajistar haihuwa da mutuwa a Najeriya tana hannun Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, wadda ta tarayya ce, bisa doka mai lamba 69 ta 1992 da ta wajabta yi wa kowane jariri rajista cikin kwana 60 da haihuwarsa. Hukumar tana da babban ofishi a kowace jiha, namu yana Birnin Kebbi, tana kuma da jami'ai a ƙananan hukumomi 21 na jihar, da cibiyoyin rajista waɗanda yawancinsu suna zaune ne a cikin asibitoci da ɗakunan shan magani. Wannan zama a cikin asibiti shi ne yake sa iyaye su ɗauki katin da ungozoma ta ba su ranar sallama a matsayin takardar haihuwa, alhali shi shaida ce kawai da ake kai wa jami'in rajista domin ya shigar da yaro cikin kundi.

Kundin nan shi ne tushen al'amarin, kuma sai da na yi wannan zirga-zirga na fahimci haka. Takardar da ake ba uba ya tafi da ita gida an kwafo ta ne daga wani layi guda a cikin babban littafin rajista, shi ya sa a samanta ake rubuta sunan cibiya da gari da ƙaramar hukuma da jiha, sannan lambar kundi da shekara da lambar shigarwa. Idan takarda ta ƙone ko ta jiƙe ko gara ta cinye ta, rajistar yaro tana nan, abin da ake nema kawai shi ne a gano layin nan a sake kwafo shi a tabbatar. Wanda ya riƙe lambobin nan uku aikinsa mai sauƙi ne. Ni kuwa shekara kaɗai nake da ita.

Tun kafin in shiga ofishin hukumar, a bakin ƙofa, wani mutum da ba ma'aikacin wurin ba ne ya tare ni da fara'a, ya dubi ragowar takardar da ke hannuna ya ce: "Alhaji, wannan ai ta mutu. Kawo sunan yarinya da ranar da kake so, kafin la'asar ka karɓi sabuwa fil." Ba zan ɓoye ba, maganar ta shige ni, domin marayu suna jiran kuɗin mahaifinsu, ni kuma na baro aikina. Abin da ya tsayar da ni shi ne kalmar "ranar da kake so". Yarinyar da aka riga aka shigar cikin kundi a 2008, idan aka sake yi mata wata rajista da wata rana, an mayar da ita mutum biyu ke nan a idon hukuma, kuma tana dab da zana jarrabawar shiga jami'a ta JAMB, wadda tun 2021 ba a yin rajistarta sai da NIN, wato lambar shaidar ɗan ƙasa. A zamanin da takarda take kwance a akwati ba wanda ya san me ke cikinta, irin wannan gyaran gangar auzinawa yana wucewa lafiya. Yanzu da kwamfuta take gwama takardar makaranta da katin ɗan ƙasa da fasfo, bambancin rana ɗaya yana iya tsayar da yaro shekara guda a gida.

Jami'in da na samu a ciki dattijo ne mai haƙuri. Ya karɓi takardar da hannu biyu kamar wanda aka miƙa wa jariri, ya ɗaga ta ga hasken taga, ya tabbatar mini da cewa tasu ce, sannan ya zayyana mini abin da zan kawo: takardar rantsuwa daga kotu da ke bayyana yadda ta asalin ta lalace da kuma dangantakata da yarinyar, wasiƙar neman kwafi zuwa ga shugaban ofishin jiha, katina na ɗan ƙasa, shaidar rasuwar mahaifinta tun da ba shi ne ya zo ba, da hotunanta ƙanana. Ya ƙara da cewa da ɓata ta yi gaba ɗaya, da sai na haɗa da rahoton 'yan sanda, amma tun da ga gawarta a hannu, in zo da ita. Rantsuwar ba ta ɗauke ni fiye da safiya ɗaya ba a babbar kotun jiha, gaban kwamishinan rantsuwa. Kuɗin hukuma kuma a banki na biya ta hanyar Remita, kamar yadda ake biyan kuɗin gwamnatin tarayya tun da aka koma asusun bai-ɗaya a 2015, na riƙe rasit.

Wahalar ta fara ne wajen binciken kundi, kuma laifin namu ne na gida. Na rubuta a wasiƙata cewa sunan yarinya Ummi, na kuma sa ranar haihuwar da ke cikin takardunta na makaranta. Aka ɗauko kundin 2008 na cibiyar, littafi mai faɗi da bangonsa ya sha hannu, jami'in ya riƙa bin layi da kan biro yana lasar yatsa yana juya shafi, ya bi watan duka bai ga wannan suna tare da sunan yayana ba. Gwiwata ta yi sanyi, har na fara tunanin ko mutumin bakin ƙofa yana nan. Sai dattijon ya cire tabarau ya dube ni ya ce: "Malam, Ummi ai ba suna ba ne. Sunan wa ta ci?"

Nan take na ga wautata. Yarinyar sunan mahaifiyarmu aka sa mata, shi ya sa tun ranar suna ba wanda ya taɓa kiranta da sunan yanka a gidanmu, kuma da aka kai ta firamare wanda ya raka ta ya faɗi sunan da ya saba ji, malamin ya rubuta, sunan ya bi ta har sakandare. Yayana kuwa da ya zo rajista sunan gaskiya ya bayar. Abin dariya shi ne ni kaina, da furfura ta fara fito mini, na kasa furta sunan Inna a gaban mutane, sai na karɓi biro na rubuta shi a bayan rasit na tura masa. Ya karanta ya yi murmushi bai ce komai ba, domin shi ma ɗan gida ne, ya san alkunya. Ina ganin wannan ɗabi'a tamu kyakkyawa ce kuma ba na fatan ta gushe, amma kowane gida da ke da Ummi ko Abba ko Baffa ko Hajiya ƙarama ya kamata ya bincika wane suna ne makaranta ta rubuta, tun yaro yana aji ɗaya.

Saura rana. Na kira Inna a waya daga cikin ofishin na ce: "Inna, ko kina tuna ranar da aka haifi takwararki?" Ta ce: "Yo ni ina ruwana da kwanan watan Bature? Cikin azumi ne, goman farko, ana shirin shan ruwa, har kunun da na dama bai samu mai sha ba." Azumin 2008 ya faɗo ne a watan Satumba, saboda haka wata dai mun dace, amma ranar da makaranta ta rubuta ta wuce goman farko. Katin rigakafin nan da ya manne da takardar shi ya raba gardama, domin kwali ne mai kauri kuma rubutunsa bai tafi duka ba, ga ranar allurar farko a jiki. Da jami'in ya koma baya da mako guda daga ranar makaranta, sai ga layin: sunan yanka, mace, sunan yayana, sunan mahaifiyarta, da unguwarmu. Ashe ranar suna aka bai wa makaranta a matsayin ranar haihuwa, abin da yake faruwa a gidaje da yawa, tun da ranar da aka yanka rago aka tara jama'a ita ce take zama a ƙwaƙwalwar maza.

Daga nan sauran aikin na jira ne. Aka kwafo bayanan daga kundi, aka tura Birnin Kebbi domin sa hannun wanda doka ta ba ikon tabbatarwa, na koma na karɓa. Kwafin yana ɗauke da lambar kundi da lambar shigarwa irin na 2008, da hatimi da sa hannu da ranar da aka tabbatar, kuma wannan shi ne bambancinsa da fotokwafi, wanda kowa zai iya yi a shagon bakin titi, kuma ba ya shaida cewa wani ya buɗe kundi ya gani da idonsa. Jami'in ya gargaɗe ni kada in kai a manne ta da leda kamar yadda aka saba, domin wani ofishin yakan buƙaci buga hatiminsa a bayanta, musamman idan za a yi amfani da ita a ƙasar waje, inda sai an bi ta Ma'aikatar Harkokin Waje a Abuja an ƙara tabbatar da ita. Ya ce in nemi jakar roba mai zif in sa ta ciki.

Da na ga hanya ta buɗe sai na tambayi tawa. An haife ni a 1984, lokacin Argungu tana cikin Jihar Sakkwato, shekara bakwai kafin a ƙirƙiro Jihar Kebbi ranar 27 ga Agusta 1991, kuma abin da na taso da shi kawai takardar rantsuwar shekaru ce da mahaifinmu ya yi mini a kotu zan shiga sakandare. Ya bayyana mini cewa wanda ya wuce shekara 18 ba a yi masa rajista ba, ba a ba shi takardar haihuwa irin ta yara, sai dai takardar tabbacin haihuwa, wadda hukuma take bayarwa bisa rantsuwar kotu da lambar NIN, kuma yanzu ta intanet ake cike ta. Tun watan Nuwamba na 2023 da Shugaba Bola Tinubu ya ƙaddamar da tsarin rajista na kwamfuta, jariran da ake yi wa rajista ta wannan tsari suna shiga rumbun bayanai na ƙasa, wanda ruwan fadama ba ya kai wa. 'Yan shekarun Ummi kuwa suna cikin littattafan da aka cike da hannu, kuma na fito daga ɗakin nan ina girmama duk wanda ya kare su daga ɗigar rufi da gara shekara goma sha shida.

An biya marayu haƙƙinsu. Abin da ya rage mana shi ne gyaran suna da rana a takardun makaranta domin su dace da kundi, wanda ya buƙaci wata rantsuwar da wasiƙa zuwa ga shugabar makarantar, kuma mun gama shi kafin a buɗe rajistar jarrabawa. Na ɗauki hoton takardun yaran uku da waya na tura wa ƙanwata da ke Jega, na kuma rubuta lambobin kundinsu a bangon littafin da nake lissafin taki da iri. Ranar da na kawo kwafin gida, Ummi ta karɓa ta tsaya tsakar gida ta karanta sunanta na yanka da ƙarfi, ƙannenta suka kwashe da dariya, Inna kuwa ta jefe ta da mafici ta ce ta yi mata shiru. Jakar robar tana rataye yanzu a ƙusa, sama da ƙofar ɗaki, domin Inna ta ce ba ta ƙara yarda da ƙarƙashin gado ba.