Sojan Gona A Zauren Jarrabawa Da Hukuncin Kotu

Duk ɗalibin da aka soke gurbin karatunsa bisa zargin cewa wani ne ya rubuta masa jarrabawar shiga jami'a, hujjar da lauyansa yake fara kawowa kotu ita ce an yanke masa hukunci ba tare da an ji ta bakinsa ba. Ina ganin wannan hujja tana da nauyi, domin hoton da ya dusashe a kan fom, ko sa hannun da ya ɗan sauya bayan shekaru, bai isa a raba mutum da karatunsa ba, sai an gwada zanen yatsansa, an nuna masa shaidar, an kuma ba shi damar kare kansa.

Hujja ta biyu kuwa, wato cewa ɗalibi ya riga ya yi nisa a karatu, ba ta gamsar da ni. A badaƙalar Vyapam, wato hukumar shirya jarrabawa ta jihar Madhya Pradesh a Indiya, badaƙalar da ta haɗa da sojan gona da satar amsa, alƙalai biyu na Kotun Ƙoli sun saɓa a 2016: ɗaya ya so a bar wa ɗaliban shaidarsu bisa sharaɗin yi wa ƙasa hidima ta shekara biyar, ɗayan ya ce a soke. A Fabrairun 2017 alƙalai uku suka tabbatar da soke gurbin ɗaliban likitanci 634, saboda an gina shi a kan zamba. Abin da ya fi damuna shi ne waɗanda suka cancanci waɗannan gurabe tun farko, domin hukuncin bai mayar musu da shekarun da suka rasa ba.