Zhang Yimou da ƙasar da ta cinye allo

Ranar da na fara kallon wani fim na ƙasar Sin mai suna Huang Tudi, wato Rawayar Ƙasa, na ɗauka kwamfutata ce ta yanke hoton. Ƙasa ta cika allon kusan duka, sararin sama ɗan siririn ƙyalle ne can bisa, mutane kuwa kamar tururuwa a gefen tudu. Sai da na mayar da shi baya sau biyu kafin na yarda da gangan aka yi haka. Chen Kaige ne ya ba da umarnin fim ɗin a 1984, amma wanda ya riƙe kyamara Zhang Yimou ne, kuma tun daga ranar nake bibiyar aikinsa.

Mutumin ya sha wuya kafin ya kai ga kyamara. An haife shi a Xi'an, mahaifinsa kuma ya yi aikin soja a rundunar Kuomintang, jam'iyyar da ke mulkin Sin a da, wadda 'yan gurguzu suka kayar a 1949, abin da ya zame wa gidansu tabo. A zamanin juyin al'adu, wato lokacin da gwamnatin gurguzu ke kwashe matasan birni zuwa karkara, aka tura shi ƙauye noma, daga nan ya yi shekaru a masaƙar auduga a Xianyang. Da makarantar koyon fim ta Beijing ta sake ɗaukar ɗalibai a 1978, shekarunsa sun haura ƙa'ida, sai da ya kai kuka ma'aikatar al'adu da hotunansa a hannu sannan aka karɓe shi. Ya gama a 1982.

Fim ɗinsa na farko a matsayin darakta, Hong Gaoliang, wato Jar Dawa, ya ci babbar lambar bikin fina-finai na Berlin a 1988. Kyamarar kuwa ya miƙa ta ga abokin karatunsa Gu Changwei, wanda shi ma daga baya ya koma ba da umarni.

Ni dai a wurina Zhang bai taɓa daina zama mai ɗaukar hoto ba. Duba Ju Dou na 1990. Labarin matar da aka aurar wa wani mugun tsoho mai marina ne, amma abin da ya zauna mini a kai shi ne dogayen yadudduka ja da rawaya da aka shanya tun daga rufi, suna kwararowa ƙasa ba tsayawa daidai lokacin da zukatan matar da masoyinta suka ƙwace. Ba wanda ya ce uffan, yadin ne ya yi bayani. Tsohon ma a cikin jan ruwan rini ya nitse.

Manyan fina-finansa na takubba da suka biyo baya daga 2002 sun kawo kuɗi, kuma shi ya tsara bikin buɗe wasannin Olamfik na Beijing a 2008. Suna da kyau, ba musu, sai dai launin ya yi yawa har ya danne mutanen ciki. Idan aka tambaye ni daga ina za a fara, marinar nan nake tura mutum.